Madannin but da na sayo a Apo na ɗaura da kaina a gida, bayan wata uku

Wata uku kenan da na canza madannin but ɗin motata da hannuna a ƙofar gida, da gangan na ƙi cewa komai a kansa tun lokacin, don kayan roba ranar farko kowanne kyau gare shi, sai ya sha rana ya sha ruwa ake sanin halinsa. To yanzu ya ga ƙarshen zafi ya ga farkon damina, bari in faɗi abin da na gani game da shi madannin da kuma shagon da na sayo.

Motar Beljiyam ce, wato wadda aka yi amfani da ita a ƙasar waje, 'yar 2010, shigowar Amurka, irin wadda madannin yake ɓoye a saman lamba, ƙarƙashin farantin nan mai walƙiya, sai ka zura yatsa ka lalubo shi. Ba laifin kowa bane, roba ce ta haura shekara goma tana gasuwa, kuma duk wanda ya san ranar Abuja ta watan Maris ya san ko mutum ne aka ajiye a filin fakin daga safe zuwa la'asar sai ya narke. Da farko danƙo ta fara yi kamar cingam, ka danna ka ɗago yatsa baƙi ƙirin kamar ka taɓa kwalta. Wata Juma'a na saka farar shadda sabuwa dal, na buɗe but zan ɗauki darduma, ban ankara ba na gyara wuyan riga da hannun, wlh har yau tabon yana nan mai wanki ya yi iya yinsa. Daga nan ta tsage, ruwan wajen wankin mota ya rinƙa shiga, sai ka danna sau uku sau huɗu kafin ya amsa. Kuma ka san garin nan ba inda za ka shiga ba a ce maka oga buɗe but ba, ofis, otal, wajen sayayya, duk ɗaya ne, mai gadi ya zagaya baya ya yi ta danna abu yana duba yatsansa yana harararka ta madubi.

Duk wannan na jure tunda rimot yana buɗewa, na ciki kusa da kujerar direba ma yana buɗewa. Abin da ya tayar min da hankali shi ne ranar da aka wanke motar na shigo gida ban kulle ƙofofi ba, muna zaune a waje sai muka ji ƙwas, but ya ɗago da kansa ba wanda ya taɓa. Uwargida tace Abban yara wannan mota taka ko dai a yi mata addu'a. Nace ba aljani bane ruwa ne. Don shi madannin ba wani abu bane mai yawa, ɗan makunni ne ƙarami da waya biyu, in ka danna ya haɗa su, saƙo ya tafi wajen kwamfutar mota ita kuma ta ba ɗan injin da ke jikin makullin wuta ya ja ya saki. In ruwa da tsatsa suka kwanta a ciki suna iya haɗa wayoyin ba tare da an danna ba. Ka ga in ya yi haka da dare, fitilar cikin but ta kwana a kunne, ka tashi ba batir.

Kafin ka kashe ko sisi ka fara duba wannan, in rimot yana buɗewa ko na ciki yana buɗewa (in na lantarki ne ba na ja da hannu ba), to injin makullin lafiyarsa ƙalau, fiyus ma lafiya, matsalar tana wajen madannin ko wayarsa. In kuwa duk sun ƙi to ba madanni bane, kar ka je ka sayo a banza. Wasu motocin ma suna da ɗan makunni a cikin aljihun gaba wanda ake kashe but da shi in za a ba wani mota, yara suna iya taɓawa, a leƙa can tukunna.

Ranar Asabar na tashi daga Kubwa na nufi Apo wajen makanikai. Tun daga bakin hanya 'yan kamasho suka yanyame ni, oga me ake nema, oga zo nan, ni dai na ɗaga gilashi na wuce don wani abokin aikina ya kwatanta min shagon wani bawan Allah mutumin Kano da ke sayar da ƙananan kayan lantarkin mota, soket-soket, makunnan gilashi, fitilu da su rilai. Shagon kwantena ce, ko wajen zama babu sai benci ɗaya, kaya a rataye har rufi cikin ledoji, amma abin mamaki ka faɗi abu yaronsa ya miƙa hannu ya ciro ba tare da ya duba sau biyu ba. Na nuna masa hoto a waya, ya kalla yace Yallaɓai da ka zo da tsohon ai da ya fi. Nace Alhaji ai iri ɗaya ne duk. Ya yi murmushi bai ƙara ba.

Kala uku ya ɗora min a kan benci. Akwai Beljiyam orijina amma haɗe yake da farantin gaba ɗaya ba a raba su, kuɗinsa ya kusan ninka sabon sau uku, kuma da na danna robarsa da farce na ji ita ma ta fara laushi, shi da bakinsa yace wannan shekarunsa ɗaya da naka, zai yi aiki amma ban ce maka zai daɗe ba. Wannan maganar ita ta sa na yarda da mutumin, don wani cusa maka mai tsadar zai yi ya rantse. Akwai kuma robar zalla ba makunni, mai arha sosai, wadda ta dace da wanda nasa bai fara shan ruwa ba. Sai sabon cikakke da wayarsa da soket, cikin farar leda ba suna ba komai sai lamba da rubutun Sin. Shi na ɗauka, yace 12,000 muka daidaita a 10,000, na tura masa ta waya. Ba rasit, ba garanti, magana ɗaya ce, in bai yi ba ka dawo da shi amma don Allah kar ka yanke waya.

Da yamma na kwance, sai ga soket bai shiga ba. Fil biyu ne duk, girma ɗaya, amma ɗan tudun robar da ke gefe wanda ke bin rami nasu a dama yake nawa a hagu. Na juya na juya, zuciya tana cewa kawai ka fere shi da reza ko ka yanke ka murɗa waya da waya ka naɗe da salatif, sai na tuna maganar Alhaji. Litinin bayan an tashi aiki na sake kama hanyar Apo da tsohon a aljihu cikin leda, ya karɓa ya dube shi ya ba yaro, ko minti biyu ba a yi ba aka kawo daidai, bai ƙara min ko kwabo ba, abin da yace kawai shi ne ai na faɗa maka Yallaɓai. Man da na ƙona a zuwa biyun nan ya cinye ragin da na yi ta ciniki a kai har da ƙari, wannan kuma taurin kaina ne ba nasa ba.

Shi aikin kansa ba wuya, amma akwai inda yake cizo. Kayan da na yi amfani da su sifana mai lamba 10 irin mai zurfin baki, sukundireba mai faɗi da mai kuros, tocila, da tsumma. Na buɗe but na tura tsumma a bakin makullin don kar iska ko yaro ya rufe, sannan na cire kan batir na nagetif. Wannan tsumman kar a raina shi, in ka cire batir but ya rufe, madanni ba wuta rimot ba wuta, in motarka ba ta da ramin makulli a baya ko na ja da hannu a ciki sai dai ka kwantar da kujerar baya ka rarrafa. Motocin Amurka dai tun 2001 doka ta sa ana saka musu wani ɗan hannu a cikin but mai haske a duhu, don wanda ya maƙale a ciki ya ja ya fito, shi za ka lalubo ka ja, amma mutum da tumbinsa yana rarrafe ta bayan kujera maƙwabta suna kallo ba tsari bane.

Shimfiɗar da ke manne a cikin murfin but 'yan ƙusoshin roba ne suke riƙe da ita, sai ka fara ɗago tsakiyar kowanne sannan ka zaro jikin. Nawa sun bushe sun zama kamar ƙanzo, uku suka karye a hannuna duk da lallaɓawar da nake. Bayan ta fita za ka ga notuna ta cikin ramukan ƙarfe, su ne suke riƙe da farantin waje, ka ga soket na fitilun lamba da na madannin, in kana da kyamarar baya ita ma wayarta tana wajen, a cire su a hankali a danna ɗan harshen kafin a ja, ba waya ake ja ba. Ɗana ne yake riƙe min tocila, ɗan shekara tara, rabin lokacin fuskata yake haskawa. Ina kwance noti na ƙarshe ya suɓuce ya faɗa tsakanin ƙarfe biyu na murfin, ka ɗaga murfi ka ji ƙwaram ya gangara can, ka sauke ya dawo nan, yatsa ba ya kaiwa. Na fi minti ashirin ina fama, har yaron yace Abba bari in ɗauko maganaɗisun tsohuwar rediyo, muka ɗaure shi a jikin wayar rataye kaya muka zura, sai ga noti ya biyo. Tun daga nan nake liƙa ɗan salatif a bakin sifana kafin in kama noti a irin wannan lungu.

Farantin kuma ko an cire notuna ba ya fita haka kawai, akwai wasu 'yan maƙalai a gefe, na naɗe bakin sukundireba da tsumma na ɗan ɗaga kaɗan-kaɗan don kar in kankare fenti. Sukuru biyu ne suke riƙe da madannin a bayansa. Inda na fi ɓata lokaci shi ne goge narkakkiyar robar da ta manne, ta shiga kowane lungu, na ɗan shafa kananzir a tsumma na yi ta murza sannan na bi da ruwan sabulu nan take don kar ya kwana a jikin fenti. Tsohon da na ɓare shi don ganin ƙwaƙwaf, cikinsa kore shar da tsatsa, har da ɗan jan ƙasa da ya zama laka.

Sabon in an zo maganar inganci, gaskiya ba orijina bane kuma ba ya ɓoyewa. Robarsa ta fi siriri, tana ƙyalli, tana da warin nan na sabon silifas. Wayarsa ta gaza tsohuwar da kamar rabin yatsa, ta kai dai amma ba ta da sararin da za ta shiga maƙalinta na asali sai da na canza mata hanya. Sukurun da suka zo da shi laushi gare su, ɗaya kansa ya fara cinyewa tun murɗawar farko, na ajiye su na mayar da tsofaffin. Kuma ba shi da soson nan da ke zagaye da shi don tare ruwa, sai na ɗan zaga bakinsa da silikon siriri. Amma dannawarsa daɗi, ƙas ɗaya but ya tashi, har ya fi yadda na san motar tun da na saye ta. Kafin in mayar da komai na haɗa soket na mayar da batir na gwada sau biyar, don ba abin haushi irin ka gama ɗaurewa ka ga sai ka sake kwancewa. Duk da haka sai da na manta soket ɗin fitilar lamba ɗaya, maƙwabcina ne ya gani da dare yace Malam lambarka ido ɗaya take, washegari na sake ɓalle shimfiɗa. Agogo da tashoshin rediyo ma sun goge saboda cire batir, minti biyu ne a saita.

Yanzu bayan wata uku, robar ta ɗan kwaɗe daga baƙi ta koma toka-toka a gefen da rana ke duka, amma ba danƙo ba tsagewa, an tafka ruwa sau da dama an kuma wanke motar da injin feshi, bai taɓa buɗewa da kansa ba kuma bai taɓa ƙin amsawa ba. A cikin goma zan ba madannin bakwai, ban sa rai zai yi shekarun da na farko ya yi ba. Shagon kuwa zan koma, illarsa kawai ba wajen ajiye mota, sai ka bar ta can nesa ka tako cikin baƙin mai da ƙura, kuma in ka je da tsakar rana kwantenar nan tanda ce. Wanda motarsa take da rimot irin na aljihu da ba a saka makulli, ya ƙara kula don wasu madannan nasu haɗe suke da wani ƙaramin na kullewa, wayoyin sun fi biyu, nan kam ko hoto goma ka ɗauka ka tafi da tsohon.

Ƙusoshin robar nan uku da na karya har yau ban sayo ba, sau biyu ina zuwa Apo ban tuna ba, shimfiɗar tana nan ta ɗan saki ta kusurwar hagu, kullum uwargida za ta saka kayan cefane sai ta taɓa mata ɗankwali tace Abban yara yaushe za a ƙarasa aikin injiniya.