Fayil Ɗin Filinka Ya Maƙale: Kotu Ko Hukumar Ƙorafi?

A Najeriya, Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta damƙa filayen jiha a hannun gwamna, shi ya sa takardar mallaka ko izinin sayarwa dole su bi ta ma'aikatar filaye. Idan fayil ya shekara biyu a kan tebur, kullum "oga bai sa hannu ba, ka dawo mako mai zuwa", hanya biyu ke gabanka.

Ta farko, Babbar Kotun Jiha. Lauyanka zai nemi umarnin tilastawa, wanda lauyoyi ke kira mandamus. Sai alƙali ya fara ba da izini, kuma sai ka nuna ka nema a rubuce an yi biris da kai. Don haka adana wasiƙar nan da aka buga wa hatimin karɓa, ko da ta yi daƙal-daƙal a aljihu. Amma fa kotu cewa za ta yi jami'i ya yanke shawara, ba lalle ya yanke wadda kake so ba. Ga kuɗin lauya, ga ɗage zama. Kuma idan ka yi nawa, ana iya korar ƙarar saboda lokaci ya wuce.

Ta biyu, Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafen Jama'a, wadda aka kafa a 1975. Kyauta ce, ba sai da lauya ba. Sai dai shawara take bayarwa, ba ta da haƙoran kotu, kuma ba ta taɓa maganar da ke gaban alƙali.

Ni dai, in sakaci ne kawai, hukumar zan fara zuwa. In kuwa na ji ƙishin-ƙishin ana shirin ba wani filin, gobe da safe ina ofishin lauya.