Famasin da nake sayen maganin furostet na Baba a Katsina

Salamu alaikum jama'a. Wata bakwai kenan ina sayen maganin Baba a wani famasi nan wajen Ƙofar Ƙaura, kuma tunda 'yan uwa na ta tambayata ina muke samu, na ce bari in faɗi yadda wurin yake, daɗinshi da rashin daɗinshi.

Baba dai kansar furostet ke damunshi, wato 'yar tsokar nan ta maza da ke ƙarƙashin mafitsara wadda hanyar fitsari ta ratsa ta cikinta. Ko da aka gano ciwon ya riga ya taɓa ƙashi, to bayan allurar da ake mishi ta rage sinadarin maza, testosteron, wanda shi ne abincin kansar, sai likita ya ƙara rubuta magani biyu, abiraterone da prednisolone. Na farkon tsada gare shi wlh ba kaɗan ba, na biyun kuwa 'yar ƙwaya ce mai araha da kowane kemis ke da ita. Ni kuma tun a hanya na yanke a raina ba zan sayi ta biyun ba, sbd Baba na da suga, kuma na san danginta ɗaya da dexamethasone ɗin nan da wasu mata ke sha don ƙiba har fuska ta kumbura ta yi tamtsan-tamtsan, na ce ba zan ƙara ma tsoho wata wahala a kan wadda yake ciki ba.

Da na miƙa takarda na ce abiraterone kawai za a ba ni, sai mai haɗa maganin, wata Hajiya ce, ta duba ta ce "Alhaji, ta biyun fa, kuna da ita a gida ne?" Na faɗa mata dalilina. Ba ta yi min faɗa ba, kujera ta jawo ta ce dan Allah in zauna, ga mutane a tsaye suna jira amma ta tsaya ta min bayanin da har yau ban manta ba. Ta ce abiraterone yana toshe hanyar da jiki ke bi ya haɗa testosteron, to a wannan hanyar dai ake haɗa wani sinadarin mai suna kotisol da ke fitowa daga wasu ƙananan halittu a saman ƙoda, idan kotisol ya yi ƙasa sai jiki ya rikice ya riƙa tara gishiri da ruwa, jini ya hau, ƙafa ta kumbura, sinadarin fotasiyam na cikin jini ya sauka har ya iya taɓa bugun zuciya. Prednisolone ɗin nan miligram 5 da aka rubuta mishi, gurbin kotisol ɗin take cikewa, kusan abin da jiki da kanshi ke yi ne a rana, ba irin tulin da masu neman ƙiba ke afawa ba. Ta ce damuwata ta suga gaskiya ce, tana iya ɗaga shi, amma abin yi shi ne a riƙa auna sugan da hawan jinin a kai ma likita, ba a cire ta ba. Kuma idan an daɗe ana sha kar a kuskura a tsaida ta dare ɗaya, sai likita ya rage a hankali, don jiki ya saba da samu daga waje.

Ita ce ma ta rubuta min a jikin kwali da biro: abiraterone ƙwaya 4 masu miligram 250 a sha ciki ba komai, a jira awa 1 kafin a ci abinci, prednisolone kuma da abinci. Ta ja kunnena kan diclofenac da Baba ya saba sha don ciwon baya, wai haɗa shi da prednisolone na iya jawo gyambon ciki.

Abin da ya ƙara sa na yarda da wurin shi ne maganar Baffana. Shi nashi kumburin furostet ne irin na tsufa, ba kansa ba, tashi fitsari sau huɗu sau biyar da dare, fitsarin ma ya riƙa zuwa ɗis-ɗis. Ya ga yayanshi ya ɗan samu cin abinci sai ya ce lallai 'yar ƙwayar nan ce ke sace kumburi, in sayo mishi. Na kai shi da kaina. Hajiya ta gaishe shi cikin ladabi ta ce "Baba, ku yi haƙuri, wannan ba taku ba ce." Ta ce irin kumburin nan tsokar ce ta ƙara girma, ba abin da prednisolone za ta mata sai dai ta jawo suga da raunin ƙashi da saurin kamuwa da cuta, masu irinshi akan ba su tamsulosin mai sassauta hanyar fitsari ko finasteride da ke rage girman a hankali cikin watanni, su ɗin ma sai likita ya duba an yi gwajin jini na PSA. Baffa bai ji daɗi ba ranar, har ya ce ai a bakin kasuwa ba mai tambayarshi takarda, kuma gaskiyarshi ne haka ake sayar da ita kamar alawa, wannan abu na ci min rai sosai. Amma dai ya je asibitin daga baya.

Inda suka gaza kuwa, ba sa ajiye abiraterone, sai ka biya an yi oda daga Kano, kwana biyu ko uku, akwai watan da ya kai kwana biyar muna ƙirga ƙwayoyin da suka rage hankali a tashe. Kuɗin ma ba ya zama wuri ɗaya. Shagon ƙarami ne, bayan magariba cunkoso, POS ɗinsu yakan ƙi sabis, kuma idan Hajiya ba ta nan yaran miƙo magani kawai suke ba bayani.

Shi ya sa nake zuwa da hantsi lokacin tana nan, ina kuma yin oda tun saura kwana goma na gida ya ƙare. Ranar Litinin zan koma karɓo na wata mai zuwa. Allah ya ba Baba da duk marasa lafiyarmu sauƙi.