Tsofaffin finafinan Yellowstone da na kalla a shafin Library of Congress

Duk mai son finafinan tafiye-tafiye ya leƙa shafin laburaren majalisar dokokin Amurka, Library of Congress, kyauta ne, ba rajista ba biyan ko sisi, kuma ba ya cin data sosai tunda finafinan gajeru ne, wani ma da ƙyar ya kai minti ɗaya.

Ni na kamfanin Edison na bi, waɗanda aka ɗauka a gandun Yellowstone ƙarshen shekarun 1890, gandun shaƙatawa na ƙasa da aka kafa tun 1872, shi ne irinsa na farko a Amurka. To kar ka shiga da sa ran ganin irin na yanzu da jirgi mara matuƙi ke shawagi kan tsaunuka. Ba sauti, ba kala, kyamara a kafe wuri guda, kafin ka gyara zama an gama. Babbar magangarar ruwan gandun mai tsayin mita 94 sai ta fito kamar farin hayaƙi yana motsi tsakanin duwatsu, gaskiya bai burge ni ba.

Na kekunan doki ne ya tafi da ni wallahi. Keke ya iso ƙofar otal a Mammoth Hot Springs, wani wuri a cikin gandun, dawakai suka ja birki, fasinjoji na ta saukowa kowa ya ci ado, na maimaita shi ban san adadi ba. Lokacin haka ake zaga gandun kwana da kwanaki, don sai 1915 aka bar mota ta shiga. Kuma fa in ka lura talla ce tsagwaronta, kamfanin jirgin ƙasa na Northern Pacific ne ya ba su haɗin kai, so yake mutane su gani su yi sha'awa su yanki tikiti.

Dishi-dishin hoton kuwa yana da dalili, kafin 1912 dokar haƙƙin mallaka a Amurka ba ta san da fim ba, sai kamfanoni su buga shi hoto-hoto a kan doguwar takarda su kai laburaren a yi rajista, daga takardun nan aka sake haɗo da yawansu daga baya.

A waya komai ya yi ƙanƙanta, fuskoki ba sa fita. Sauke su ka kalla a kwamfuta, kuma ka karanta ɗan bayanin da ke ƙasan kowanne tukuna, in ba haka ba ba za ka gane me kake kallo ba.