Binka Zhelyazkova ko Rangel Valchanov: da wa za a fara?

'Yar'uwa, kin tambaya a cikin waɗannan daraktocin Bulgeriya biyu wa ya fi cancanta ki fara kallon finafinansa. Tsara ɗaya suke: an haifi Binka a garin Svilengrad a 1923, Rangel kuma a ƙauyen Krivina kusa da Sofiya a 1928. Mafi yawan aikinsu sun yi shi ne a zamanin Todor Zhivkov, wanda ya riƙe jam'iyyar kwaminis daga 1954 zuwa 1989, lokacin da fim ba ya fita sai hukuma ta sa albarka. Bambancinsu yana wajen yadda kowa ya zauna da wannan hukuma.

Binka ba ta iya kwana-kwana ba. Ita ce mace ta farko da ta ba da umarnin cikakken fim a ƙasar, a 1957, tare da mijinta Hristo Ganev wanda ya rubuta labarin. Fim ɗin ya nuna tsofaffin 'yan gwagwarmayar kwaminis na lokacin Yaƙin Duniya na Biyu da suka hau mulki suka manta alkawari. Jam'iyya ta kulle shi, bai fito ba sai 1988. Abin da ya fi taɓa ni shi ne, ita kanta 'yar wannan gwagwarmaya ce tun tana budurwa, wato nata mutanen take faɗa wa gaskiya. A 1961 ta ci lambar zinariya a bikin finafinai na Mosko, amma hakan bai kare ta ba. Fim ɗinta na 1967, Privarzaniyat balon, an sake hana shi: wata ƙatuwar balan-balan ta yaƙi ta yi batan kai ta bayyana saman wani ƙauye, manoma suka bi ta a guje, kowa da abin da yake hange a jikinta. Daga baya ma Binka ta shiga gidan yarin mata da kyamara don ta yi fim a kansu.

Rangel kuwa mai zagaye ne, ya fi son zaurance da raha. Fim ɗinsa na farko a 1958, kan fursunonin siyasa a wani ƙaramin tsibiri, shi ma ya sha suka daga jam'iyya. Amma ya ci gaba da aiki, har ya je Cekoslobakiya ya yi fim. Gwanintarsa ta cika a 1979 da Lachenite obuvki na neznayniya voin, wanda shi ya rubuta da kansa: ƙauye ta idon ƙaramin yaro, da biki, da girbi, da yaƙi yana ɗebe maza. Ya rasu a 2013, shekara biyu bayan Binka.

Ga kallo, Rangel ya fi sauƙin shiga rai, don duk wanda ya tashi a ƙauye zai gane mutanensa. Na Binka suna da nauyi, suna son natsuwa. Duk da haka ni na fi girmama ta, kuma da fim ɗin balan-balan nake ba ki shawara ki fara, sannan ki bi da na Rangel na 1979.