Kakar 1983 ko ta 1984: Wacce Za a Fara Kalla a Wasannin Olajuwon na Jami'ar Houston?

Masu sha'awar ƙwallon kwando sun sha tambayata wace kaka ce ta fi nuna Hakeem Olajuwon, ɗan Legas, lokacin da yake jami'a a Amurka.

Wajen daɗin kallo, 1983 ce gaba. Yana tare da Clyde Drexler, wasan gudu da tsalle ne kawai ƙarƙashin koci Guy Lewis. Sai dai ƙarshenta akwai ɗaci: a wasan ƙarshe na gasar jami'o'in Amurka, jami'ar NC State ta doke su 54 da 52 a daƙiƙar ƙarshe, da ƙwallon Lorenzo Charles. Duk da haka Olajuwon aka ba kyautar gwarzon gasar, abin da ba kasafai ake yi wa wanda ƙungiyarsa ta sha kashi ba.

A kakar 1984 Drexler ya riga ya tafi NBA, babbar gasar ƙwararru, nauyi ya koma wuyan Olajuwon. A ganina nan ya nuna ya gama ƙosawa, musamman wajen tsaron gida. Jami'ar Georgetown ta Patrick Ewing ta cinye su 84 da 75 a wasan ƙarshe, ba wata fargaba sosai.

Mai son nishaɗi da bugun zuciya ya nemi 1983. Matashin da ke koyon tsaron kwando kuwa, 1984 za ta fi amfanarsa.