Sharhi Kan Aikin Kwamitin Sulhu a Rikicin Zargin Maita

Sau uku na halarci zaman kwamitin sulhu na wani ƙaramin gari, bayan an zargi wata tsohuwa da maita saboda yara sun kwanta ciwo a unguwarta, kuma na gamsu da aikinsu. Abin da ya fi burge ni shi ne ba su fara da ƙaryata camfin mutane a bainar jama'a ba, domin da hakan ya ƙara rura wutar gaba. Sun saurari kowane ɓangare a keɓe, sannan suka gayyato jami'ar lafiya, wadda ta bayyana cewa ƙwayar cutar kwalara ta gurɓataccen ruwa take yaɗuwa, ta kuma nuna musu rijiyar da ke dab da masai. Na ga tsohuwar tana share hawaye da gefen mayafinta lokacin da mahaifin ɗaya daga cikin yaran ya durƙusa yana cewa, "Baba, ki yafe mini." Sai dai kwamitin ya yi jinkiri ƙwarai, domin mako biyu ta yi babu mai gaishe ta kafin su zauna, kuma har yanzu babu mace ko ɗaya a cikinsu.