Wace Jihar Amurka Ta Dace Ka Nemi Lasisin CPA a Cikinta?

Akantan da ya saba da tsarin Najeriya yakan ɗauka cewa akwai wata hukuma guda a Amurka da take ba da shaidar CPA, wato lasisin ƙwararren akanta, kamar yadda ƙungiyoyin akantoci na ICAN, wadda doka ta kafa a 1965, ko ANAN suke ba membobinsu shaidar da ke aiki daga Sakkwato har Fatakwal. Ba haka abin yake ba. Lasisin CPA na jiha ne, kuma hukumomi 55 ne suke bayar da shi, wato na jihohi 50, da na gundumar babban birnin ƙasar, da na yankunan Puerto Rico, Guam, Tsibiran Virgin da Tsibiran Mariana ta Arewa. Tun da New York ta kafa dokar farko a kan wannan sana'a a 1896, kowace jiha take riƙe da ikonta na cewa ga wanda ya cancanta. Jarrabawar dai ɗaya ce a ko'ina: ƙungiyar akantocin Amurka, AICPA, ce take tsara tambayoyin, NASBA, wato haɗaɗɗiyar ƙungiyar hukumomin jihohin, ita ke kula da rajistar masu nema da sakamakonsu, kuma a cibiyoyin kamfanin Prometric ake rubutawa a kwamfuta. Bambancin yana wajen sharuɗɗan da za a cika kafin a zauna jarrabawar, da waɗanda za a cika bayan an ci ta.

Shawarata ga duk mai niyya, ko yana zaune a Houston ko yana Kano, ita ce ya fara lissafinsa daga ƙarshe. Kada ya tambayi jihar da ta fi sauƙin barin mutum ya zauna jarrabawa. Ya tambayi jihar da za ta miƙa masa lasisi da irin karatun da ya yi, da irin aikin da yake yi, da irin takardun zama da ke hannunsa. Cin jarrabawa ba ya mayar da kowa CPA. Wanda ya ci ta ƙarƙashin hukumar da ba zai iya cika sauran sharuɗɗanta ba sai ya koma neman a mayar da sakamakonsa wata jiha, ya sake biyan kuɗi, ya sake tura takardu, kuma a duk tsawon lokacin doka ba ta yarda ya rubuta haruffan nan uku a bayan sunansa ba.

Ita kanta jarrabawar ba ta cikin abin da za a zaɓi jiha dominsa. Tun watan Janairun 2024 kowa yana rubuta sassa uku na dole, wato AUD na binciken asusu, FAR na tsara rahoton kuɗi, da REG na haraji da dokokin kasuwanci, sannan ya zaɓi ɗaya daga cikin BAR na nazarin kasuwanci da rahoton kuɗi, ISC ko TCP. Kowane sashe awa huɗu ne, kuma maki 75 ake nema. Lasisin da za a samu iri ɗaya ne ko wanne aka zaɓa a cikin ukun, saboda haka mai sha'awar haraji ya ɗauki TCP, mai aiki da tsarin kwamfuta da tsaron bayanai ya ɗauki ISC, ba tare da fargabar an rage masa daraja ba. Abin lura shi ne wa'adi. A da, wanda ya ci sashe na farko yana da wata 18 ya kammala sauran, amma a 2023 NASBA ta ba da shawarar a ƙara zuwa wata 30, kuma akasarin jihohi sun bi.

Karatu shi ne wurin da ƙasa take motsi a yanzu. Shekara da shekaru ƙa'idar ita ce kiredit 150 na jami'a, alhali digirin farko a Amurka kiredit 120 ne, wato sai mutum ya ƙara kusan shekara guda a aji, da kuɗin makarantar da ke tattare da ita. Florida ce ta fara aiwatar da wannan a 1983, sauran suka biyo baya. Da ƙarancin matasa masu shiga aikin akanta ya yi tsanani, sai jihohi suka fara buɗe wata hanya: digirin farko, da shekara biyu ta aiki maimakon ɗaya, da cin jarrabawa. Ohio ta sanya hannu a dokarta a Janairun 2025, aka sa mata ranar fara aiki 1 ga Janairu, 2026, Virginia ma ta sa wa tata dokar wannan ranar, kuma a cikin 2025 ɗin AICPA da NASBA suka shigar da wannan hanya cikin dokar samfuri da jihohi suke kwaikwayo. Jihohi da dama sun riga sun amince, sai dai ranar fara aiki ta bambanta daga wannan zuwa waccan.

Wacce ta fi? A ganina, wanda ya riga yana da digiri na biyu, ko kuma karatunsa ya kusa kai 150, ya bi tsohuwar hanya, domin shekara ɗaya ta aiki za ta ishe shi, kuma babu hukumar da za ta yi shakkar lasisinsa idan ya tashi yi wa mutanen wata jiha aiki. Wanda kuwa digirin farko kaɗai gare shi, yana kuma da aiki a hannu ƙarƙashin mai lasisi, babu dalilin da zai sa ya ci bashin karatu don neman kiredit 30. Shekarar da zai ƙara a ofis albashi za ta kawo masa. Amma ya binciki yadda jihohin da yake sa ran yin hulɗa da su suke karɓar lasisin da aka samu ta sabuwar hanya, don ana kan gyaran dokokin ƙetare iyakar jiha, kuma ba a gama daidaita su ba.

Jimillar kiredit ma ba ta isa ba, domin hukumomi suna ƙirga abin da ke ciki. Kalifoniya tana neman kiredit 24 na darussan akanta da 24 na darussan kasuwanci kafin a zauna jarrabawa. New York, a hanyar 150, tana neman 33 na akanta da 36 na kasuwanci. Ga wanda ya yi karatu a Najeriya, Nijar ko Ghana, ba shi ne zai yi wannan ƙidaya ba. Dole takardar sakamakonsa ta bi ta hannun masu tantance karatun ƙasashen waje, waɗanda za su ɗauki darasi ɗaya bayan ɗaya su mayar da shi ma'aunin Amurka. Hukumomi da yawa suna amfani da sashen tantancewa na NASBA da ake kira NIES, wasu suna da jerin kamfanonin da suka amince da su, kuma rahoton da wannan jiha ta karɓa ba lalle ne waccan ta karɓa ba. Don haka kuskure ne a biya kuɗin tantancewa kafin a tsayar da jiha. Yawanci kuma ana so sakamakon ya fito kai tsaye daga ofishin jami'a, ba ta hannun mai shi ba, kuma duk wanda ya taɓa bin fayil daga tebur zuwa tebur a ofishin rajistara ya san wannan mataki na iya cin watanni. Mai takardar HND ya ƙara yin hattara, ya nemi a tabbatar masa a rubuce cewa za a ɗauke ta daidai da digirin farko. Takardun da aka rubuta da Faransanci kuwa sai an haɗa su da fassarar da hukuma ta amince da ita.

Sai babban ƙulli, wato shaidar aiki. Mafi yawan jihohi suna neman shekara guda, kimanin awa 2,000, a aikin da ya shafi akanta, haraji, binciken asusu ko ba da shawara kan kuɗi. Samun aikin ba shi ne wahalar ba; wahalar ita ce wanda zai sa hannu. Fom ne ɗan ƙarami: sunanka, ranar da ka fara da ranar da ka daina, irin aikin da ka yi, sannan a ƙasa akwai gurbin da mai tabbatarwa zai rubuta lambar lasisinsa, da jihar da ta ba shi, ya sa hannu a kan cewa ya san gaskiyar abin da aka rubuta. A ɗauki misalin wata mai digirin akanta, mamba a ICAN, da ta shekara takwas tana binciken asusun kamfanoni a Kano. Ilimi da gogewa ba a magana, amma idan shugabanta ba shi da lasisin CPA na Amurka mai rai, wannan gurbi zai zauna fayau, kuma a idon jiha irin New York, wadda take so a yi aikin ƙarƙashin kulawar mai lasisi, shekarunta takwas ba su cike sharaɗin ba.

Wannan ne ya sa jihar Washington, wadda ke arewa maso yammacin ƙasar, ba babban birnin ba, ta yi farin jini a wajen masu nema daga ƙetare. Dokarta ta yarda wani CPA da ya shekara biyar da lasisi ya tabbatar da aikin mutum ko da ba shi ne shugabansa na ofis ba. Guam ma ta daɗe tana karɓar baƙi, musamman daga ƙasashen Asiya. NASBA kuma tana da wata hidima ta biya inda mai lasisi zai duba takardun aikin mutum, ya yi masa tambayoyi, ya tabbatar, amma ba kowace hukuma ce ta amince da wannan ba. A nan zan ja kunne da gaske: kada wani ya sayar maka da sa hannu a kan aikin da bai bincika ba. Hukuma na iya ƙwace lasisin duka biyunku, kuma sana'ar da aka gina a kan amana ba a shiga ta da ƙarya.

Wanda yake zaune a Amurka, lissafinsa ya fi sauƙi, domin jihar da yake aiki a ciki ita ce ta fi cancanta ya nema, ko da maƙwabciyarta ta fi rangwame. Mazaunin Kalifoniya ya san cewa a hanyar 150 wata 12 na aiki za su ba shi lasisi, amma idan yana so ya riƙa sa hannu a rahoton binciken asusu sai ya nuna awa 500 a wannan fanni na musamman. Hukumar kuma tana neman lambar SSN, wato lambar shaida da gwamnatin Amurka take bayarwa, ko lambar haraji ta ITIN. Texas, inda 'yan Najeriya suke da yawa, tana da tata jarrabawa a kan ƙa'idojin ɗa'ar aiki na jihar, tana kuma ɗaukar zanen yatsu don binciken tarihin mutum. New York ba ta da jarrabawar ɗa'a kafin lasisi, alhali jihohi da yawa suna neman maki 90 a ta AICPA. Alabama da North Carolina kuwa suna da sharaɗi a kan zama ɗan ƙasa ko mallakar izinin zama, don haka wanda yake Najeriya ya cire su daga lissafi tun farko.

Wurin rubuta jarrabawa ma kuɗi ne. Tun 2011 aka fara yin ta a wajen Amurka, kuma yanzu akwai cibiyoyi a ƙasashe irin su Japan, Indiya, Ingila, Jamus, Masar, Saudiyya da Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa. Najeriya ba ta cikin jerin. Kowace cibiya tana da ƙa'idarta game da 'yan ƙasashen da za su iya zama a cikinta, ana biyan ƙarin kuɗi a kan kowane sashe, kuma ba duka hukumomin jiha ne suka shiga wannan shiri ba. Mai rubutawa a ƙetare yana kuma sa hannu a kan alkawarin cewa zai karɓi lasisi cikin shekara uku da cin jarrabawa, wanda hakan ya sake dawo da mu kan maganar shaidar aiki. Takardar izinin zaɓar ranar jarrabawa, wadda ake kira NTS, tana mutuwa bayan wata shida a yawancin jihohi, wata tara a Kalifoniya, kuma idan ta mutu kuɗin ya tafi. Wanda bai samu biza ba tukuna ya biya kuɗin sassa huɗu a lokaci guda, ya sayi kifi a ruwa. Gara a biya na sashe ɗaya ko biyu da aka shirya wa, bayan tafiya ta tabbata.

Akwai gajeriyar hanya ga membobin wasu ƙungiyoyin akantoci da suka ƙulla yarjejeniyar amincewa da juna da Amurka, kamar na Kanada, Mekziko, Ostireliya, Ailan da Afirka ta Kudu, inda sashe ɗaya kawai suke rubutawa. ICAN da ANAN ba sa cikin waɗannan, saboda haka membobinsu sai sun rubuta sassa huɗun cif. Ya kamata kuma mutum ya tambayi kansa tsakani da Allah ko yana bukatar lasisin. Najeriya ta koma ƙa'idojin lissafi na ƙasa da ƙasa, wato IFRS, tun 2012, jarrabawar CPA kuwa an gina ta ne a kan ƙa'idojin lissafi na Amurka da dokar harajin tarayyarta, kuma lasisin ba zai maye gurbin shaidar gida wajen sa hannu a asusun kamfanin Najeriya ba. Amfaninsa a fili yake ga mai shirin ƙaura, da mai aiki a reshen kamfanin Amurka, da mai yi wa ofisoshin akantoci na can aiki ta intanet. Ga wanda ba ya cikin waɗannan, dalolin da zai kashe za su fi yi masa amfani a wata shaidar.

Bayan an samu lasisi ma kashe kuɗi bai ƙare ba, domin akwai kuɗin sabuntawa, da karatun ƙarin ilimi na kimanin awa 40 a shekara, ko 120 a shekara uku, gwargwadon dokar jiha. A sa wannan cikin kwatancen tun yanzu. Idan zaɓin ya rage jiha biyu ko uku, a rubuta wa kowace hukuma wasiƙa ta imel, a bayyana mata takardar karatu, da ƙasar da ake zaune, da ko akwai lambar SSN, da matsayin wanda zai tabbatar da aiki, a tambaye ta kai tsaye ko za ta ba da lasisi a wannan hali. A adana amsar da ta bayar, sannan a tura takardu wurin tantancewa.